Harawar da Baba Isiyaku Ya Zaɓa wa Bidi

Wata rana a wata kasuwar ƙauye, wani dattijo mai suna Baba Isiyaku ya tsaya gaban masu sayar da harawa yana ɗaga dami yana ajiyewa.

Ba kansa yake yi wa wannan tsirfar ba. Goɗiyarsa Bidi yake yi wa.

Tun yana da sauran ƙarfi take ɗaukarsa zuwa gona da kasuwa. Sun tsufa tare. Matarsa ta rasu, 'ya'ya sun tafi birni, gidan ya rage daga shi sai ita.

Da girma ya kama Bidi, sai jikinta ya sauya. Gashinta ya yi tsawo ya nannaɗe, ko zafin bazara bai sa ya zube ba. Ruwa kuwa sai ta shanye bokiti ta nemi ƙari. In za ta yi tafiya, sai ka ce a kan ƙaya take takawa.

Aka kira wata likitar dabbobi. Ta duba ta ce sinadaran jikin goɗiyar ne suka rikice, kusan irin abin da ke samun mai ciwon suga, kuma abinci mai zaƙi da maiƙo a kofatonta yake sauka.

Ta kafa doka. Ban da gero, ban da dusa, ban da sabon tsiron farkon damina. Sai busasshiyar ciyawa wadda ta ƙosa, a jiƙa ta a ruwa, a zubar da ruwan, sannan a ba ta.

Baba ya bi. Bidi ta fara miƙewa, har tana zagaya turke.

To amma kun san bakin mutane.

A majalisar ƙofar masallaci aka sako shi gaba. Maƙwabcinsa ya ce a garin nan dai ba a taɓa ganin doki na cin abincin jaki ba, sai a gidan Isiyaku. Wani ya ce dabbar da ta yi maka bauta tana da ƙuruciya, ba da wankakkiyar ciyawa ake sallamarta ba. Aka yi dariya.

Baba ma ya yi dariya, amma maganar ta bi shi har gida. A wurinsu doki mutuncin mai shi ne, kuma ana gane mai riƙon amana daga abin da ya zuba a gaban dabbarsa.

Abin da ya ƙarasa karya masa zuciya shi ne ita kanta Bidi. In ta ji ƙanshin sussukar gero daga maƙwabta, sai ta ɗaga kai ta yi haniniya tana kallonsa.

Shi ya kai shi kasuwa ranar nan. Ya zaɓi harawar wake kore shar, wadda kwanson waken ma bai gama barinta ba. Ya haɗa da gero. Ya zuba mata ba awo, ya zauna yana kallo tana ci, ransa fes.

Ya yi mata haka yau, ya yi gobe, ya yi jibi.

Wata safiya ya fito ya tarar da ita kwance. Kofatonta zafi rau. Ta yunƙura ta koma.

Likita ta zo ta durƙusa, ta taɓa ƙafafun, ta ɗago ta dube shi.

"Baba, me aka ba ta?"

"Abin da ya fi kyau a kasuwa, 'yar nan. Wallahi ni ban ci mai kyawunsa ba."

"Na sani, Baba. Shi ne ya kwantar da ita."

An yi allura, an yi magani, an tsoma ƙafafun a ruwan sanyi. Bakin alƙalami ya riga ya bushe. Bidi ba ta sake tashi ba.

Masu dariyar nan duk sun zo jaje, kowa da "sai haƙuri". Da za su tafi, maƙwabcin ya hango ragowar harawar a jingine, ya yaba kyawunta, ya tambaya ko za a bar wa tumakinsa.

Baba ya ɗaga masa kai kawai. Sai da aka fita da damin ya zauna a gindin turke ya yi kuka irin na wanda ya san da hannunsa ya yi.

Ni dai labarin nan ya tsaya mini a rai, don ba mugunta ce ta kashe goɗiyar nan ba. So ne, da jin kunyar mutane.

Darasi: Abin da ya fi kyau a kasuwa ba lallai ne ya dace da wanda kake jinya ba. In an kafa wa naka doka, riƙe ta, ko dabba ce ko mahaifi. Masu cewa ka yi rowa ba su za su zauna a gidan ba in ya zama wayam.

In kana da wanda ke jinyar tsoho ko dabba, tura masa wannan kafin tausayi ya kai shi kasuwa.