Hannun da Yake Dafa Ƙasa

Mu biyar ne ranar a falonmu na unguwar Karama, nan ƙasar Larabawa: ni, da 'yata, da mijinta mai harkar kago, wato aika kayan 'yan kasuwa, da abokinsa Alhaji ɗan Maraɗi, da maƙwabciyarmu da ta shigo aron turmi ta samu wuri ta zauna. Juma'a ce, an sauko daga masallaci. Surukina ya kunna mana wasan ɗana, wanda aka buga a Amurka kwana biyu da suka wuce.

Ɗan farina ne, ban taɓa kama sunansa ba. Yana da shekara sha huɗu ƙanin ubansa ya tafi da shi karatu, can suka ga girman jikinsa suka sa shi ƙwallonsu ta hannu, wadda ake sa hular kwano a ka. Shekara goma sha ɗaya ban gan shi ido da ido ba. Sau biyu na nemi biza, aka hana.

Shi aikinsa ba taɓa ƙwallo ba ne. Sahun gaba yake durƙusawa, ya dafa ƙasa da hannu, in an tashi ya tare ƙattin da ke son kai wa mai jifa.

"Hajiya, wallahi ɗan naki a matsayin ƙofa suka ɗauke shi aiki," in ji ɗan Maraɗi. "Tun ɗazu ko ƙwallon bai shafa ba."

Na ce, "Alhaji, ku bi ƙwallonku. Ni ba ita na haifa ba."

Ban yi boko ba, lambar rigarsa zane ce kawai a wurina, fuska kuma kwano ya rufe. Da hannu nake gane shi. Bahago ne, na yi ta dukan hannun nan a kan akushi bai daina ba, kuma da shi yake dafa ƙasa. Ranar sai na ga dama ya dafa. Hagun yana rataye a cinya kamar na aro.

Na ce a mayar da hoton baya. Aka mayar sau uku. Babu wanda ya ga komai sai ni.

Bayan la'asar, lokacin gari ya waye musu, 'yata ta kira shi ta miƙo mini wayar.

"Kai. Ɗaga hagunka in gani."

"Umma, ko gaisawa ba mu yi ba?"

"Ɗaga."

Ya yi dariya, ya ɗaga, bai wuce ƙirji ba. Sai dariyar ta tsaya. Ya ce kafaɗar ce, an yi masa ɗinki bayan wasan, likita ya ce ya bar ƙwallo ya huta, shi kuma yana so ya ƙara shekara guda.

Haka ya ce bara. Haka ya ce bara waccan. Kullum sai in ce Allah ya taimaka, don uwa ba ta roƙon ɗan fari. Ranar, a gaban suruki da baƙo, na ce, "Ka zo. Ina so in gan ka." Maƙwabciyarmu ta sunkuyar da kai. Shi kuwa ya ce, "To, Umma. Bari a cire ɗinki."

Washegari da safe na hau mota zuwa unguwar Satwa, na sayi farin yadi na kai wa tela ya ɗinka wa ɗana jallabiya. Ya tambayi awo. Ban sani ba. Na buɗe hannuwana iya buɗewa, sannan na ce ya ƙara taƙi guda, kuma ya saki hannun hagu sosai.