Uwar Tukwanen Kakata

A gidanmu na Gaya akwai wata tukunya da ta fi kowa muni, har da ni, ni kuwa an ce ran da aka haife ni sai da ungozoma ta nemi tsari. Baƙa ce ƙirin, bakinta ya gutsure, ga kauri kamar katangar bariki. Ba a dafuwa da ita, ba a zuba mata ruwa. Kullum a kife take ƙarƙashin rumfar kakata. Uwa muke ce mata, don a kanta ake haihuwar duk tukunya da tulun da ke fita daga gidanmu.

Kaka takan barbaɗa wa gindin uwar toka, ta ɗora curin yumɓu a kai, ta yi ta bugu da wani sumulmulen dutse har yumɓun ya lulluɓe ta zuwa rabi. In ya sha iska sai ta ɗage shi, gindin sabuwar tukunya ya fito ke nan, ta gina kafaɗa da wuya da hannu. Idanun kaka sun yi yana tun ina rarrafe. Ba ta bambanta ni da akuya sai na yi magana, wani lokacin ma ko na yi. Amma uwar nan ta san ta kamar yunwar cikinta. Akwai wata ƴar lotsawa a gefe inda takan sa babban yatsa. Da wannan, da ƙarar da dutsen ke yi, take gane kauri ya isa. Muddin uwar na gabanta, kaka ba makauniya ba ce.

Maigida take ce mini, irin wasan kaka da jika, ni kuma in ce mata amarya.

"Maigida, yau ma ba cefane?"

"Amarya, sai ran da kika yi sabon haƙori."

"Ja'iri! Wanda na rasa ma a kan ƙashin kifinka na rasa shi."

Bara, bayan an gama yankan shinkafa, mushenmu, wato malaminmu na makarantar boko, ya kira ni waje ana tsakiyar lissafi. Na fara shafa bayana, don ban san wanne daga cikin laifuffukana ya fito ba. Ashe kumandan, Nasaran da ke mulkin gari, baƙo ya yi daga ƙasarsu, wai littafi yake rubutawa a kanmu, mai fassarar bariki kuma ƙurkunu ya kwantar da shi. Ana son wanda zai zaga da baƙon kwana ɗaya: masallaci da safe, a hau dutse, a ƙare da masu sana'a.

"Kai na zaɓa," in ji Mushe, "don a duk lakwal ɗin nan bakinka ne ba ya gajiya. Faransancinka kamar jaki a kan kwalta yake, amma yana tafiya. In ka ba ni kunya, ka san sauran."

Na san sauran ƙwarai.

Washegari na shiga mota a karo na farko. Baƙon dogon Nasara ne, hancinsa ya saɓe da rana kamar dafaffen dankali, yana rataye da akwatin foto, ga kaye, wato littafin rubutu, da alƙalami a hannu. Da mu da gardin kumandan, wato dogarinsa, wani ƙato mai jar hula, wanda ko murmushi zai yi sai an ba shi umurni.

A tsohon masallaci liman ya tarbe mu. Ya ce kakansa ne ya gina shi, azarar giginya ce, kowace shekara in damina ta wuce ƴan unguwa ke taruwa su yi masa yaɓe. Na juya maganar daidai, ban ƙara ko gishiri ba. Nasara ya yi wata hamma har na hango abin da ya ci shekaranjiya. Alƙalaminsa ko motsi bai yi ba. Nan da nan na ji bulalar Mushe ta fara yi mini sallama. Sai na nuna babbar azara na ce, in ɓarawo ya tsaya ƙarƙashinta, kuka take yi kamar jariri.

Alƙalami ya tashi da gudu. Da ya gama ya ciro alewa ya ba ni.

"Me ka ce masa?" in ji liman.

"Na ce Allah ya jiƙan kakanka, Malam."

"Madalla. Yaron kirki."

Daga nan muka nufi dutse. Mota ta hau har ta fara tari, muka ƙarasa da ƙafa. Ni da aka haifa a gindin dutsen nan, ban taɓa tsayawa na duba ba sai ran nan. Ga kogin Kwara a shimfiɗe yana ƙyalli, ga ƙasar Dahome a ƙetare, giginya tsaye jere kamar an kira su ƙidaya, kwale-kwale ƙanana kamar ɓawon gyaɗa. Can wajen Tunuga hayaƙin masu bandar kifi yana tashi. Na nemo kwale-kwalen babana na fito ban gane shi ba. Nasara ya ɗauki foto biyu ya ce ina abin da ya fi wannan.

Na kai shi wani tsagin dutse inda masunta ke kawo farar kaza da nono kafin su shiga babban su. Ba abin da ke wurin sai fasassun ƙwarya da gashin kaza da wari. Wani tsohon masunci yana zaune a inuwa yana gyaran taru. Nasara ya ce in tambaye shi wa ke zaune cikin tsagin.

Tsohon bai ko ɗaga kai ba. "Ka ce masa jemagu. Ba kome nan sai dutse da kashinsu."

Na faɗa wa Nasara. Na ga fuskarsa za ta sake yin hamma, sai na matsa kusa na rage murya. Na ce ya kamata ya san halin mutanenmu: in abu yana da girma a wurinsu, sai su ce banza ne. In ya ji sun fara rantsuwa ba kome, to a nan abin yake. Daga nan na cika masa tsagin da maciji mai kai bakwai da ƴan matan ruwa masu gashi har ƙasa.

Macijin bai dame shi sosai ba. Maganar halin mutanenmu ce ya rubuta, ya ja mata layi biyu a ƙasa. Na ji kaina ya kai girman dutsen. Alewa uku ya ba ni.

Bayan azahar muka bi maƙera da masaƙa, ina ta zuba, yana ta rubutu. Kowane guduma na ba shi aljani. Da aka zo maganar tukwane gardi ya ce akwai masu gini kusa da kasuwa. Ni na ce a'a, a je gidanmu, kakata ta fi su. Da bakina na faɗa, ba wanda ya tambaye ni.

Mun tarar da kaka a bakin aiki. Ta sa aka kawo wa baƙi ruwa a sabon kasko, ta ce mini, "Maigida, yau kuma da wa ka zo mini? Na ji warin sabulu." Ta ci gaba da bugu, ta ɗage wani gindin da ya sha iska, ya fito sumul kamar ƙwai. Nasara ya ɗauki foto, ya nuna baƙar da ke ƙasa ya ce wannan fa?

Da na ce tsohuwar tukunya ce da ake gini a kanta, da yanzu ba ni da abin rubutawa. Amma ga ƴan unguwa sun cika ƙofa suna kallona ina Faransanci. Na ce tukunyar nan ta girmi Kwara. Na ce sarauniyar ruwa ce ta miƙo ta ga kakar kakar kakarmu, duk tukunyar da ke tsakanin Yelu da Tunuga ƴarta ce, babu irinta a duniya.

Wannan karon bai rubuta ba. Ya durƙusa, ya shafa ta da hannu biyu, ya daɗe. Sa'an nan ya ce abu irin wannan bai kamata ya zauna a rumfar kara inda akuya za ta ture shi ba. A ƙasarsu akwai babban gida inda ake ajiye irinsa a bayan gilashi. Zai tafi da ita.

Alewar da ke bakina ta koma gishiri. Na faɗa wa kaka a hankali. Ta yi dariya.

"Ka ce masa ya zaɓi wadda yake so cikin sababbi, ko biyar, na ba shi. Wannan idona ce. Ba a kyauta da ido."

Na faɗa masa. Ya girgiza kai, ita yake so. Sai na yi abin da ban taɓa yi ba tun da na iya magana. Na ce masa ƙarya na yi. Na ce babu sarauniya, babu maciji, azarar masallaci ba ta taɓa kuka ba. Tsohuwar tukunya ce kawai, banza ce, ko kare ba zai sha ruwa a ciki ba. Na rantse masa da Allah, na rantse da Annabi.

Ya yi murmushi, ya buɗe kayensa, ya nuna mini wurin da ya ja wa layi biyu. Ya dafa kafaɗata kamar ya kama abokin wasa.

Gardi ne ya ƙarasa aikin. Bai ɗaga murya ba. Ya tsuguna kusa da kaka ya ce, "Iya, baƙon kumandan ne fa. Ɗanki da takardar bariki yake fito a kogi. Jikanki kuma a lakwal ɗinsu yake. Ni dai na faɗa miki."

Kaka ta juyo da fararen idanunta wajen da take jin numfashina. Sai ta kakkaɓe tokar da ke gindin uwar da gefen zanenta, ta sa babban yatsa a lotsawar nan, ta cire.

"Ɗauki," ta ce wa gardi. "Ka tallafe ta ta ƙasa, bakin ba shi da ƙarfi."

Aka naɗe ta a bargo aka sa a mota, a mazaunin da na zauna da safe. Nasara ya ba kaka kado, wai tukwici, wani farin kwanon ƙarfe mai furanni. Ni kuma ya juye mini sauran alewar. Washegari Mushe ya yabe ni gaban aji, ya ce kumandan ya ji daɗi.

Kaka ba ta zage ni ba. Da ta zage ni da na samu sauƙi, don zaginta har maƙwabta kan zo saurare. Ta sa innata ta kife mata ɗaya daga cikin tukwanenta na da, ta ɗora yumɓu. Bugu na huɗu tukunyar ta fashe, don ba a yi ta don shan duka ba. Uku ta fasa. Sai ta gina sabuwa mai kauri, aka gasa, ta gwada. Ƙarar ba ɗaya ba ce, yatsanta ya yi ta yawo bai samu wurin zama ba. Wani gefen ya fito kamar takarda, wani kamar turmi. Na farkon da ta gasa, rabi suka tsage a wuta. Sauran innata ta kai kasuwa, mata suka ƙwanƙwasa su da yatsa suka ce, "Wannan ba hannun tsohuwa ba ne." Ta dawo da su.

Wata rana da la'asar kaka ta kira ni. Tun ran nan ba ta sake ce mini maigida ba.

"Kai ɗan lakwal, zo nan. Me ka ce wa mutumin?"

Na faɗa mata duka, har sarauniyar ruwa.

"Sarauniya," ta ce. "Uwata ce ta gina ta a Tanda. Shekarar da yunwa ta kore mu, ta bar turminta, ta bar tabarmarta, ta ɗoro wannan a ka, ni ina biye a baya. Ƙanena ya mutu a hanya. Da ta sauke ta don a rufe shi ne bakin ya gutsure. Lotsawar nan kuwa yatsanta ne, tun yumɓun yana ɗanye. Me ya hana ka faɗa masa wannan?"

Ban san wannan ba. Shekara goma sha biyar ina tsallake tukunyar nan in zan shiga ɗaki, ban taɓa tambaya ba. Na ce mata, "Kaka, in na faɗi gaskiya ba ya rubutawa."

"To ai ga shi ya rubuta."

Damina ta zo ta wuce, an sake yankan shinkafa, ba a hura wutar gashi a gidanmu ba. Yumɓun da ta jiƙa ya bushe ya zama dutse. Kwanon furannin nan kaji ke shan ruwa a ciki. Kaka tana zama ƙarƙashin rumfa da dutsen bugunta a cinya, yanzu sai an riƙe mata hannu in za ta zaga.

Shekaranjiya wanzami ya yi mini ƙwal. Na zo na zauna gabanta, ta miƙo hannu ta laluba kaina, ta zagaya shi kamar yadda takan zagaya uwar, ta ƙwanƙwasa da yatsa.

"Wannan kaɗai ya rage a gidan nan mai irin kaurinta," ta ce.

Na ce, "To amarya, kawo yumɓu mana."

Na jira ta ce ja'iri. Ta janye hannunta, ta ce in kira mata innata, rana ta shigo rumfar, a mai da ita ɗaki.