Ranar da Aka Buɗe Soron Littattafai

Shekara talatin da huɗu Baba Mailafiya ya yi yana kula da littattafan da ba nasa ba, kuma babu takarda ko ɗaya da ta ambaci sunansa. Ni maƙwabcinsa ne a Madabo, katanga ce kawai ta raba mu. Abin da zan faɗa a gabana aka yi shi, kuma har yau in na tuna sai raina ya ɓaci.

Baduku ne, ɗinkin gafaka ya gada, jakar fatar nan da ake adana littafi a ciki. Sana'ar ce ta haɗa shi da marigayi Malam Garba, malamin unguwarmu, wanda ya bar soro guda cike da littattafan rubutun hannu, ya ce wakafi ne ga duk mai neman ilimi. A wasiyya ya damƙa amanar ga mutum biyu, ɗansa Alhaji Kabiru da ɗan ƙanensa Alhaji Yusuf. Shi kuwa Mailafiya da baki kawai ya ce masa, "Ka duba min su."

Ya kuwa duba. Da rani yakan fito da su inuwa su sha iska, ya cusa ganyen darbejiya a tsakaninsu saboda ƙwari. Kafin damina ya hau rufi da kansa ya yaɓe tsaga, ya share indararo. Soron na ƙasa ne, tawadar kuma irin ta da, ko da yatsa mai gumi ka taɓa ta sai ta biyo ka. Alhazan nan biyu kuwa, Allah na tuba, ko a juye ka miƙa musu littafin ba za su lura ba.

Sai rigima ta tashi. Alhaji Kabiru ya ce ɗan'uwansa yana zare littattafai yana sayar wa baƙi. Alhaji Yusuf ya ce ai shi Kabirun so yake ya rushe soron ya jera shaguna. Kowa ya kai ƙorafi hukumar da ke sa ido kan wakafi. Ana saura 'yan makonni ruwa ya sauka, sai ga jami'inta, wani Malam Nazeer, mutum mai ladabi, riƙe da kwaɗo da takarda mai hatimi, ya zo kulle soron.

"Malam, rufin fa?" in ji Mailafiya. "Bana ban yaɓe ba. Kwana biyu kawai nake roƙo."

"Baba, kana cikin masu riƙon amanar ne?"

"A'a. Ni dai nake dubawa."

"To ka yi haƙuri, Baba, oda ce. Ba shiga, ba gyara, sai an gama bincike."

Sau bakwai tsohon nan yana zuwa ofis. Suka ce ya kawo takarda da sa hannun alhazan biyu. Kabiru ya ce ba zai haɗa sunansa da na ɓarawo a takarda ɗaya ba. Yusuf ya ce sai Kabiru ya fara sawa. Ran da Mailafiya ya gaji ya jingina tsani, bai kai rabi ba aka ɗauke shi hoto a waya, washegari ya wuni yana amsa tambayoyi. Daga nan bai sake ba.

Na sha ganinsa cikin ruwan Agusta, ya yafa buhu a ka, ya kara kunne a jikin ƙofar soron. Na taɓa ce masa ya shigo ciki kar sanyi ya kama shi. Ya ce, "Ta kusurwar gabas yake zuba, wajen tafsirai." Sai na tsaya tare da shi.

Damina biyu aka yi kafin a buɗe. Wari ne ya fara fitowa. Malam Nazeer ya toshe hanci ya ƙirga gafaka sittin da uku, daidai da abin da ke cikin wasiyya, ya rubuta cewa babu abin da ya ɓace. Gaskiya ya rubuta, babu wanda ya saci komai. Mailafiya ya kwance ta farko. Takardun sun manne sun zama dunƙule ɗaya kamar ƙanzo, rubutun ya narke ya koma baƙin tabo.

Hukuma ta sauke alhazan biyu saboda sun kasa haɗa kai, ta naɗa Mailafiya a madadinsu, da takarda da hatimi, har da tafi. Alhazan sun shirya a wajen wani ɗaurin aure, na gan su suna cin abinci a faranti ɗaya.

Shi kuwa kullum da safe yana soron da 'yar wuƙarsa ta dukanci, yana ɓamɓare takarda daga takarda a hankali. Makon jiya na leƙa na tambaye shi nawa ya samu da za a iya karantawa.

"Sha ɗaya," ya ce.

"Littafi sha ɗaya? To ai da sauƙi."

Bai ɗago ba. "Falle sha ɗaya."