Muryar Inna a cikin duma

Ni ce 'yar fari a wurin Inna, shi ya sa tun da aka haife ni ban taɓa jin sunana a bakinta ba. "Ke" take ce mini, in baƙi suka tambaya kuma ta ce "babbar". Ƙannena kuwa sai ta cika gida da sunayensu. Kunya ce, na sani, kowa ma ya sani, amma sanin bai taɓa hana abin ci mini rai ba.

Shekarar da ciwonta ya tsananta na ɗauko ta daga Zariya, ta zauna da ni a ɗakin da nake haya a Kurmin Sarki, cikin Suleja. Da sassafe in bi motar Abuja zuwa aiki, in dawo liƙis bayan go-silo, in tarar da ita a kan tabarma ta ƙara ramewa. Na gwada ɗaukar muryarta a waya. Ina! Da ta ga na ɗaga wayar sai ta ja mayafi ta kama bakinta, wai in kawar mata da wannan abin tsegumi.

Matar mai gidanmu ce ta ba ni labarin wata tsohuwa a wani ƙauye kafin a kai Garam, wadda take ɗaure murya a cikin duma. Na yi dariya har da riƙe ciki. Amma ranar Asabar sai ga ni na ɗauko shatar mota, na ce wa Inna za mu je shan iska.

Tsakiyar damina ce, ko'ina kore shar, ƙasa tana ƙamshin ruwan da aka yi da hantsi. Duma ya lulluɓe gidan tsohuwar, ya hau rumbu, ya bi danga, ya sauko ta kan rumfa. 'Ya'yansa suna reto a hankali ko da babu iska, kowanne da zare mai launi a wuyansa. Muna zama tsohuwar ta kama kaina ta manna kunnena a jikin wani babba. Da fari sanyi kawai na ji. Can sai ga muryar wani mutum yana kiran shanunsa, can nesa, kamar daga cikin rijiya.

"Furen yakan buɗe da yamma," in ji ta. "Mutum ya yi magana a ciki, ni kuma in ɗaure bakin furen da zaren auduga. In duman ya ƙosa sai a ji. Amma fa 'yata, muryar tana nan ne muddin yana shan ruwa daga uwarsa. Ran da ya bushe, ƙwarya ce kawai."

Da rana ta yi sanyi furannin suka fara buɗewa, farare tas, ɗaya bayan ɗaya. Na ɗaga Inna, muka taka zuwa bayan rumbu. Na sunkuya na ce mata, rabi wasa rabi roƙo, "Inna, yau dai babu mai jin ki. Ki faɗa ko sau ɗaya ne." Ta gane sunana nake nufi ta faɗa a cikin furen. Ta harare ni ta ce, "Ke dai ba ki da ta ido. Matsa can."

Na koma ƙarƙashin rumfa. Daga nan ina hango ta ta dafa danga, bakinta dab da furen, mayafinta yana kaɗawa. Ta daɗe. Da ta juyo idonta ya yi ja, ta ce hayaƙin murhu ne. Tsohuwar ta je ta ɗaure bakin furen.

Duman bai ƙosa ba Allah ya karɓi abinsa. Muka kai ta Zariya, aka yi zaman makoki, na dawo Suleja na ci gaba da bin motar asuba kamar wata marar lafiya. Tsoro ya hana ni komawa ƙauyen. In ta faɗa, ban san yadda zan yi da raina ba. In ba ta faɗa ba, shi ke nan har abada. Ina ta ja da baya har ruwa ya ɗauke, sai tsohuwar ta aiko da saƙo ta bakin matar mai gidanmu, wai ganye ya fara rawaya, in ina so in hanzarta.

Na tarar da gidan ya yi fayau, yawancin duman an yanke. Namu yana bayan rumbu, ya kai girman kan mutum, jikinsa da sauran kore kaɗan. Tsohuwar ta ajiye mini kujera 'yar tsugunno ta shige ɗaki.

Na rungume shi na sa kunne. Numfashinta na fara ji, wannan numfashin mai nauyi na ƙarshen kwanakinta. Ta yi gyaran murya, ta yi bisimilla. Ta ja iska kamar za ta faɗa, ta tsaya. Ta sake ja. Wallahi har motsin leɓenta na ji. Sai kawai ta fashe da dariya, 'yar ƙaramar dariya irin ta yarinya, wadda ban taɓa jin ta yi ba.

"Kai, a'a," ta ce. "Ba zan iya ba. Ni na zaɓa miki shi, babanki ma wani ya so. Kullum ina faɗinsa a raina. Ki yi haƙuri, kin ji?"

Na ce, "Na ji, Inna."