Gaisuwar da Aka Yanke

Kawuna yana zaune a unguwar Rillieux-la-Pape, kusa da Lyon, a bene hawa na shida. Tun da jini ya fashe masa a kai, idanunsa kaɗai ke motsi. Duk Asabar nakan taho daga Paris, inda nake karatu, in riƙe masa allon haruffa. Ina karantawa ɗaya bayan ɗaya, yana ƙifta ido a kan wanda yake so.

Wani Bafaranshe mai yin fim a kan masu shanyewar jiki ya nemi ya ɗauke shi. Kawu ya yarda, ya sa aka ɗora masa hularsa ta Damagaram.

Ranar da mutumin ya zo, Kawu ya soma da gaisuwa. Ina gajiya. Ina hanya. Ina iyali. Da ya ji mahaifiyar baƙon tana raye, ita ma ya tambayi lafiyarta. Kusan awa guda muka yi, gumi na tsattsafo masa a goshi, ina gogewa da bakin gyalena. Ni kuwa ji nake kamar ina tsintar tsaba a cikin yashi, ina miƙa wa baƙo da hannu biyu.

Bayan shekara aka nuna fim ɗin a wani ƙaramin gidan silima kusa da unguwar Belleville a Paris. Na ga miyau yana zubo wa Kawu. Na ga ana juya shi a kan gado, babu hula. Gaisuwar kuwa, ko harafi ɗaya.

Na tare mutumin a bakin ƙofa.

"Ina gaisuwarsa?"

"Madmazel, ai bai ce komai ba a wurin. Masu kallo ba za su jira ba."

Bai ce komai ba! Mutum ya ƙarar da ƙarfinsa na yini guda yana tambayar lafiyar uwarka, ka ce bai ce komai ba? Ban faɗa masa haka ba. Haka aka rene ni, kuma har yau ina jin haushin kaina.

Da na koma Lyon, Kawu ya ƙifta: "'Yata, sun ji na gaishe su?"

Na faɗa masa gaskiya.

Bayan mako biyu mutumin ya zo da furanni. Kawu ya rufe idanunsa, bai buɗe ba sai da muka ji lif, na'urar hawa bene, ya sauka da shi.