Injin Yankan Ciyawar Baffa

Ranar Litinin da ta wuce ina zaune a ofishin malamai ina duba aikin ɗalibai, sai iska ta shigo ta taga da warin ɗanyar ciyawa da aka yanke, gauraye da hayaƙin fetur. Ƙarar injin ma ba ta iso kunnena sosai ba, amma biro ya tsaya a hannuna. Kai da kake karanta wannan, wataƙila warin ba ya tuna maka komai sai damina. Ni kuwa baya yake mayar da ni, shekara talatin da 'yan kai, zuwa wani hantsi a Haɗeja, lokacin ina da idanu biyu.

Gidanmu yana gefen gari ne, ta ɓangaren da yake kallon fadama. Idan damina ta yi nisa kogi ya cika ya batse, daga kan katangarmu kana hango ruwa ya kwanta fari fat har inda ido ya ƙare, ga bado ya buɗe, ga masunta a cikin kwalekwale sun zama 'yan ɗigo-ɗigo. Kakana na wajen uba a bayan shanu ya taso. Wata shekarar fari ta cinye masa garke, ya shigo gari ya zauna, amma hannunsa bai taɓa rabuwa da dabba ba. Kullum bayan sallar asuba zai wasa laujensa a dutsen da ke bakin zaure, ya nufi fadama, ya dawo da damin harkiya a ka, raguna suna kuka tun kafin ya shigo.

'Ya'yansa maza biyu ne. Babana shi ne babba, tela ne, mutum mai zafin rai da saurin magana. Sai ƙaninsa, wanda muke kira Baffa, dogo, marar hayaniya, mai yawan murmushi. Sunan mahaifiyarsu aka sa mini, ita kuwa ta rasu tun ba a haife ni ba, don haka duk su biyun ba sa kama sunana. Uwata suke ce mini. Kaka kuma ya ce uwargida, yana tsokanata wai tuwona ba ya nuna.

Ina shekara tara Baffa ya samu aiki a wani masaukin baƙi da ke bayan gari, inda injiniyoyin da suke haƙa hanyoyin ruwa suke sauka. Fili ne babba, da itatuwan mangwaro da darbejiya, da ciyawa shimfiɗe kamar darduma. Da farko da langalanga yake sare ta. Daga baya aka kawo inji, ja, mai ƙafa huɗu, wanda ake fizgar igiya ya tashi, a riƙa tura shi. A ƙarƙashinsa akwai wuƙa mai juyawa, wadda idan ta ɗauki gudu ba ka ganinta. Duk unguwarmu ba wanda ya taɓa ganin irinsa. Baffa ya riƙa goge shi da tsumma kamar doki.

Kaka ya je sau ɗaya ya gani. Ya tsuguna ya dumbuzi abin da injin ya tofar, ya murza a tafin hannu, ya shinshina. Ya ce wannan ba yanka ba ne, taunawa ce, kuma dabba ba ta cin abin da wani ya tauna ya zubar. Ya kaɗe hannunsa ya dawo gida. Bai sake zuwa ba.

Ni kuwa wurin ya shiga raina. Da hutun makaranta ya zo, ni ake ba kwanon furar Baffa in kai masa da hantsi. Abin da yake ja na ba injin ba ne, fara ce. Idan injin yana tafiya, fara takan riƙa tashi a gabansa, manya-manya, kore da ruwan ƙasa, balbelu kuma su biyo shi a baya kamar yadda suke bin shanu, suna caccaka. Mu yara a lokacin fara nama ce. A cire fiffike, a soya da gishiri da ɗan yaji.

Ranar da abin ya faru an kwana ana ruwa, gari ya waye da sanyi, ciyawa jiƙe. Na ajiye furar a gindin mangwaro na shiga bin fara da gwangwanin madara a hannu. Baffa ya hango ni, ya kashe injin, ya ce, "Uwata, koma gindin mangwaro. Wannan abin yana jifa." Na koma. Da ya tayar ya juya baya, na sake fitowa. Ya sake kashewa, wannan karon ya kama hannuna ya kai ni har bakin ƙofa, ya ce in tafi gida, zai kamo mini fara cike da hularsa. Na ce to. Na fita, na laɓe a bayan katanga har na ji ƙarar ta yi nisa, sannan na lallaɓo na dawo ta bayan darbejiya, inda ba zai gan ni ba. Akwai wata ƙatuwar fara a kan ganye. Na durƙusa, na miƙa hannu. Daidai nan injin ya juyo.

Ban ji zafi da farko ba. Wani abu na ji ya buge ni a fuska kamar an mare ni da ƙarfe, sai haske, sai ɗumi yana gangarowa a kumatuna. Tsakuwa ce wuƙar ta tsinta a cikin ciyawa ta harbo, ba ta fi ƙwallon dabino ba. Abin da na riƙe daga nan shi ne ƙirjin Baffa. Ya ɗauke ni yana gudu ba takalmi, ina jin zuciyarsa tana dukan kunnena, yana ta maimaita salati, muryarsa tana karyewa.

A asibitin garinmu suka tsayar da jini, suka ce a wuce Kano. Mako uku muka yi a can ni da Babana da Inna, mahaifiyata. Likitoci sun yi iya yinsu. Idon hagu bai dawo ba.

Tun a barandar asibitin Haɗeja, kafin mu hau mota, na ji Babana yana magana da Baffa. Ina kwance, fuskata a naɗe, amma kunnena a buɗe yake. Ya ce, "Kana ganin yarinya a fili ka ci gaba da tura ƙarfe? Bakinka ciwo yake da ba za ka ce ta matsa ba?" Na jira in ji Baffa ya ce ya kore ni har sau biyu. Bai ce komai ba. Da Inna ta sunkuyo ta tambaye ni yadda aka yi, na ce ban sani ba. Tsoron Babana nake ji, kuma na ga kowa yana tausayina, ban so tausayin ya koma faɗa. Kalma uku ce kawai, ban sani ba, amma ita ta raba gidanmu.

Da muka dawo daga Kano, Babana ya daina amsa gaisuwar ƙaninsa. Idan Baffa ya shigo zaure, shi sai ya tashi. Baffa ya ajiye aikin. Yakan tsaya a bakin ƙofar ɗakin Inna da 'yar leda, wani lokaci rake, wani lokaci soyayyen kifi, ya miƙo ba tare da ya ɗaga kai ya dube ni ba. Ni ma ba na iya dubansa. Kafin ruwan fadama ya janye, wata safiya muka ga ɗakinsa da kwaɗo. Ya tafi wajen kawunnansa da suke kiwo a wata ruga a ƙasar Birniwa. Kekensa ya bari a jingine a zaure, tayoyin suka sace a hankali.

Lokacin kaka ya zo, aka yanke shinkafa, tsuntsayen ƙetare suka sauka a fadama suka tashi. Rani ya zo, aka yi alkama da tattasai. Na koyi zuba ruwa a kofi ba tare da na zubar a ƙasa ba, na koyi juya kaina gaba ɗaya idan an kira ni ta hagu. Na koma makaranta, yara suka yi tsokanarsu suka gaji. Duk wannan na iya da shi. Abin da na kasa iyawa da shi keken nan ne. Kullum zan fita sai na wuce shi.

Da wata daminar ta zagayo, labari ya iso zaurenmu. Mutumin da ya gaji Baffa a aikin, wani magidanci daga wajen Kafin Hausa, jiƙaƙƙiyar ciyawa ta cushe masa injin, ya sa ƙafa zai ture ta bai kashe ba. Wuƙar ta sare shi. Ya ɗaure da tsumma ya koma gida yana cewa ƙaramin abu ne. Bayan 'yan kwanaki haƙoransa suka sarƙe, jikinsa ya sandare, kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa. Ya bar mata da 'ya'ya huɗu. Ina tsakar gida ina tsince shinkafa na ji maza suna jajantawa. Sai muryar Babana ta fito sama da ta kowa: "Allah ya ji ƙansa. Amma sakaci ne, irin na wancan." Ko sunansa ba ya iya faɗa.

Washegari na bi Kaka fadama, abin da ban taɓa yi ba. Bai tambaye ni dalili ba. Muka ratsa ta cikin laka har inda harkiya ta yi tsawo, ya tsuguna ya fara yanka, laujen yana wani sauti mai laushi, shap, shap. Na tsaya a bayansa na faɗa masa komai, tun daga gwangwanin madara har bayan darbejiya. Bayansa nake yi wa magana, don da ya juyo da ban iya ba.

Ya dakata da yankan. Can ya ce, "Uwargida, tun yaushe kike ɗauke da wannan?"

Na ce tun bara.

Ya ce, "Ya fi damin harkiya nauyi." Ya goge laujen a cinyarsa. "Amma ba a kaina za ki sauke shi ba. Mai shi yana shago yana ɗinki."

Ya raka ni har shagon Babana, ya zauna a kan benci. Babana yana taka keken ɗinki. Na fara magana, ƙafarsa ta riƙa rage gudu har ta tsaya. Na zaci zai dake ni, ko ya yi tsawar da ya saba. Sai ya ce, "Har bakin ƙofa ya kai ki?" Na ce e. Ya dubi rigar da ke ƙarƙashin allura kamar bai san ta wane ne ba. Ya tashi ya rufe shagon da rana tsaka.

Mu uku muka hau motar kasuwa zuwa Birniwa, daga nan muka taka a ƙasa cikin rairayi da gonakin riɗi. Mun iske Baffa a bakin rijiya yana shayar da shanu. Ya rame, ya yi baƙi, ya tara gemu. Da ya gan mu gugan ya suɓuce masa. Babana ya tsaya a gabansa yana kallonsa. Daga ƙarshe ya tura ni gaba ya ce, "Uwarka ce ta zo tafiya da kai gida." Baffa ya durƙusa. A ranar ya fara duban fuskata sosai, ya sa babban yatsansa ya shafa gefen idon da ya mutu, ya yi kuka kamar yaro, shanu suna kewaye da mu suna jiran ruwa.

Ya dawo bayan an cire amfanin gona. Ya kama noman shinkafa, ya yi aure, ya hayayyafa. Sai da na girma, har na fara koyarwa, sannan na tambaye shi me ya hana shi faɗin gaskiya a barandar asibiti. Ya ce, "Ido ya riga ya tafi, Uwata. In ƙara miki da laifi?" Sannan ya ƙara da cewa shi ma ba wankakke ba ne. Kullum yakan zagaya filin ya tsince duwatsu kafin ya tayar da injin. Ranar nan sanyi ya sa ya yi ƙyuya.

Yanzu injin ya daina zama abin kallo. Kowace makaranta da kowane gidan mai hali akwai shi, ga kuma na ratayawa a kafaɗa wanda samari suke yankan shinkafa da ciyawar kacala da shi, da silifas a ƙafa, fuska a buɗe, yara suna wasa a gefe. Ba na cewa a koma lauje. Na ga yadda bayan Kaka ya tanƙware, na san abin da lauje yake ci a jikin mutum. Sai dai duk inda na ga ana yanka da yaro a kusa, nakan tsaya, ko ban san mai gidan ba. Idan magana ba ta shiga ba, in cire tabaraun da nake rufe idon da shi. Wannan yakan isa.

Kaka ya daɗe da rasuwa. Baffa ma ya bi shi shekara huɗu da suka wuce, ciwon kwana biyu. Babana yana nan, ya tsufa, zafin ran ya kwanta, allura ta fi ƙarfin ganinsa. 'Ya'yan Baffa a gabansa suke cin abinci, kuma ba mai ɗaga musu murya yana zaune. Kwanan baya na je gaishe shi, muna hira sai ya ce mini ba maganar da ya faɗa a asibiti ce take hana shi sukuni ba, don kowa yana iya faɗin haka a cikin zafi. Abin da yake damunsa shi ne shekara guda cur ya yi yana da tabbacin abin da ya faru, kuma ko sau ɗaya bai zaunar da ƙaninsa ya ce, faɗa mini yadda aka yi ba.