Maƙogwaron Malam Ndakotsu

Kullum bayan la'asar, Malam Ndakotsu kan jera bencina biyu a rumfar wani tsohon gareji a unguwar Sauka Kahuta da ke Minna, ya zauna jiran manyan da boko ya wuce su: kanikawa, masu niƙa, masu sayar da doya. Turanci yake koya musu, amma ba na gaisuwa ba. Kalmomin nan masu nauyi da likita kan jefo wa talaka ya wuce, su yake warwarewa, ya faɗi ma'anarsu, sannan ya koya wa harshe ɗaukarsu.

Hanyarsa daban ce. Yakan kamo hannun ɗalibi ya ɗora a maƙogwaronsa, ya furta kalmar a hankali. Mata kuwa su dafa nasu.

"Ka ji inda take rawa?" in ji shi ga Sheshi bakanike. "Kai, sassauta! Wuyana ne, ba sifana ba."

"Malam, ai wannan kalmar ta fi kwance inji wuya."

Kafayatu mai doya shaida ce. Ranar da likita ya ce ɗiyarta na da pneumonia, ba ta ruɗe ba. Ta san ciwon huhu ake nufi, ta maimaita kalmar, ta yi tambayoyinta.

Yau wannan maƙogwaron ne ya kamu. Murya ta dushe, ta koma raɗa, yanzu raɗan ma da ƙyar. Ajin ya watse. Wasu sun ce ai waya na furta komai. Har yau babu wanda ya karɓi aikin.

Sheshi ne ya raka shi asibiti. Da likita ya ambaci sunan cutar, wata doguwar kalma, Sheshi ya maimaita ta daidai, ya kuwa gane abin da take nufi. Malam ya miƙa hannu ya dafa maƙogwaron ɗalibinsa, ya gyaɗa kai.

Kai ne, Malam, ka cire mana tsoron kalma, ga shi taka ta ƙare a gabanmu, ba mu da abin yi. Mu ɗalibanka mun gode. Allah ya ba ka lafiya, ya saka da alheri.

Masu ilimin Minna, don Allah ko mutum ɗaya ya leƙa ya karɓi aikin. Har yanzu Malam na jera bencinan bayan la'asar, ya zauna, har a kira magariba.